Matsayin 'Yan Wasa a Finafinan Hausa na Farko

Duk wanda ya bibiyi tarihin fim a ƙasar Hausa zai tarar cewa aikin 'yan wasan farko ya wuce tsayawa gaban kyamara. Su ne suka reni sana'ar, bayan sun goge a dandamali da rediyo da talabijin. Alal misali, Umaru Ladan, tare da Dexter Lyndersay, shi ya mayar da littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, Shaihu Umar, wasan kwaikwayo, sannan ya fito a matsayin Shaihun a fim ɗin Adamu Halilu na 1976. Haka kuma Turmin Danya na 1990, wanda manazarta ke ɗauka mafarin finafinan bidiyo na Kano, ƙungiyar 'yan wasa ce, wato Tumbin Giwa, ta shirya shi, da Ibrahim Mandawari cikin waɗanda suka fito.