Zinaren waya da zinaren Bagega: ina ake kai sauran dutsen?

Akwai wani wasan bidiyo da ake kira Minecraft, wanda wani ɗan ƙasar Suwidin mai suna Markus Persson ya fara fitarwa a 2009. Kamfanin Microsoft ya saye shi a 2014 a kan dala biliyan 2.5, kuma zuwa 2023 an sayar da kwafi sama da miliyan 300. Duniyar cikinsa da tubala aka gina ta kaf: ƙasa tubali, dutse tubali, itace tubali. Ana jefa ɗan wasa cikin daji hannu rabbana, sai ya sari itace, ya ƙera diga, ya fasa dutse, ya yi wa kansa makwanci kafin dare ya yi dodanni su fito. Idan akwai yaro a gidanku mai taɓa wayar Android, ta yiwu ya san shi fiye da yadda kuke zato.

Sabon shiga idan yana son zinare sai ya ɗauki digar ƙarfe ya nutsa ƙarƙashin ƙasa yana lalube. Gwanaye ba sa wannan wahalar. Sun lura cewa a wani ɓangaren wasan mai suna Nether akwai wasu dodanni masu siffar alade waɗanda idan suka mutu sukan zubar da ɓarɓashin zinare, kuma ɓarɓashi tara ke haɗa sanda guda. Sun kuma karanci dokar da ke fito da dodannin: ba sa ɓullowa sai a wata tazara daga inda ɗan wasa yake tsaye, kuma akwai adadin da ba sa wucewa a lokaci guda. To sai gwani ya hau can sama inda babu wata ƙasa ko kusa, ya shimfiɗa dakali, ta yadda duk dodon da wasan zai fitar ba shi da wurin tsayawa sai nan. Ya ajiye ƙwan kunkurun ruwa a tsakiya, domin an tsara dodannin da son tattake shi. Suna rugawa wajen ƙwan sai su afka rami su mutu, mazurari ya tattara abin da suka zubar ya kai akwati. Shi kuwa yana tsaye bai ɗaga ko yatsa ba. Wannan ita suke kira gonar zinare.

Abin da ya ja hankalina shi ne matsalar da ke biyo baya. Dodannin ba zinare kaɗai suke zubarwa ba, har da ruɓaɓɓen nama da tsofaffin takubba, kuma tarkacen nan kan cika akwatuna ya toshe mazurari. Saboda haka rabin basirar mai ginin tana tafiya ne wajen tacewa: zinare ya bi nan, shara ta bi can ta faɗa cikin narkakken dutse. Tana faɗawa ta ɓace. Ba ƙura, ba hayaƙi, ba abin da ya rage.

Mu a yankin Anka da Gummi da Bukkuyum na Jihar Zamfara muna da zinare na gaske, da tarkace na gaske, kuma babu inda namu tarkacen yake ɓacewa.

Zinaren wannan yanki yana cikin jijiyoyin farin dutse ne, ƙwayoyi ƙanana da sau da yawa ido ba ya gani. A yawancin ma'adinan duniya, giram kaɗan ake samu a cikin tan guda na dutse. Wato mai haƙa yakan ɗauko kilo dubu don ya fitar da abin da bai cika cokalin shayi ba, sauran kuma dole ya sauka wani wuri. Aikin sananne ne: a fasa dutsen da guduma, a niƙa shi ya zama gari, a wanke garin da ruwa. Zinare ya ninka yashi nauyi kusan sau bakwai, don haka yakan kwanta a ƙasa yashi ya tafi, kamar yadda tsakuwa ke zama a gindin ƙwarya idan ana rege shinkafa. Daga nan a zuba zaiba ta kama zinaren, a ƙona dunƙulen, zaibar ta tashi, zinare ya saura.

An daɗe ana wannan sana'a a ƙasar Zamfara, amma da farashin zinare ya tashi daga wajen dala 600 kowace oza a 2006 zuwa sama da dala 1,200 a 2010, sai ta zama ruwan dare. Manomin da gero da dawa ba sa kai shi ƙarshen shekara ya ga hanya, kuma ban ga mai zarginsa ba. Aka koma amfani da injin niƙan hatsi wajen niƙa dutse, domin ya fi turmi sauri nesa ba kusa ba. Aka riƙa kai buhuna cikin gida, inda ba ɓarawo, inda kuma mata za su taya aiki ba tare da sun fita ba. Ta fuskar sauri da riba, dabara ce mai kyau. Sai dai jijiyar da aka faɗa wa a lokacin cike take da dalma. A wasu samfuran da aka auna, dalmar ta haura kashi 10 cikin 100 na dutsen, kuma masana duwatsu na gwamnatin Amurka sun gano cewa mafi yawanta nau'in da ke saurin narkewa ne a cikin ruwan ciki.

Agwagi ne suka fara ƙarewa a ƙauyuka, ba wanda ya kawo komai a ransa. Sai yara suka biyo baya: amai, ciwon ciki, jijjiga, suma, mutuwa. A watan Maris na 2010 ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF da ke sintirin neman sanƙarau suka tarar da sababbin kaburburan yara da yawansu ya wuce hankali. An ba da maganin zazzaɓin cizon sauro, an ba da na sanƙarau, ba canji. Sai da aka aika jini gwaji ƙasar waje aka gane gubar dalma ce.

Binciken da hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka, CDC, ta yi tare da jami'an Najeriya a ƙauyukan Dareta da 'Yargalma ya nuna cewa cikin yara 463 'yan ƙasa da shekara biyar, 118 sun rasu a cikin shekara guda. Ɗaya cikin huɗu ke nan. Cikin waɗanda aka auna jininsu, kashi 97 cikin 100 sun kai ko sun haura maikirogiram 45 a kowace desilita, matakin da ake fara ba da maganin fitar da guba. Kusan gida biyu cikin uku ana sarrafa dutse a tsakar gidansu. A wasu wuraren dalmar da ke cikin ƙasa ta wuce kashi 100,000 cikin miliyan, alhali iyakar da Amurka ta sa a lokacin ga wurin wasan yara 400 ce. Jimillar yaran da suka rasu a wannan annoba an ƙiyasta ta da 400 ko fiye.

Me ya sa yara, ba masu niƙan ba? Yaro mai rarrafe a ƙasa yake wuni, hannunsa kuma ba ya rabo da baki. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce jikin ƙaramin yaro yana tsotse dalmar da ya haɗiya ninki huɗu zuwa biyar na abin da jikin babba ke tsotsa, musamman idan ba ya samun isasshen abinci mai gina jini da ƙashi. Jiki yana ɗaukar dalma a matsayin sinadarin gina ƙashi, ya ajiye ta a ƙashi da haƙori shekara da shekaru, kuma mace mai ciki tana iya miƙa ta ga ɗan tayi. Illar da ta yi wa ƙwaƙwalwa ba ta gyaruwa. Akwai waɗanda suka tsira da rai amma suka rasa gani, ko tafiya, ko kaifin fahimta. Hukumar ta ce babu wani adadin dalma a jini da za a kira marar illa.

Magani akwai shi, ƙwayar da ke kama dalma ta fitar da ita ta fitsari, kuma MSF ta ba dubban yara, da farko a asibitocin Anka da Bukkuyum. Amma likitocin sun kafe a kan sharaɗi guda: ba amfani a yi wa yaro magani a mayar da shi gidan da ƙasarsa ke da guba. Don haka aka fara da share ƙasa. Kamfanin TerraGraphics da cibiyar Blacksmith, tare da ma'aikatan jiha da mutanen gari, suka bi gida-gida da fartanya da shebur suna kankare saman ƙasa, a kwashe a binne a rami na musamman, a kawo sabuwa a shimfiɗa. Tsakanin 2010 da 2011 aka gama Dareta, 'Yargalma, Abare, Tungar Guru, Tungar Daji, Sunke da Duza. Bagega, wadda ta fi su girma, ta zauna jiran kuɗin gwamnatin tarayya har sai da ƙungiyar Human Rights Watch da matasan Follow The Money, irin su Hamzat Lawal, suka tayar da ƙura, kafin gwamnatin Goodluck Jonathan ta saki kuɗin a farkon 2013. Kafin a gama aikin a duk waɗannan garuruwa, an kwashe ƙasa da tarkace sama da kubik mita 27,000. Wannan shi ne sauran dutsen da ba a sa a lissafi ba ranar da ake auna giram. A 2015 abin ya sake faruwa a ƙaramar hukumar Rafi ta Jihar Neja, yara 28 suka rasu.

Gwamnati ta gwada hani. A watan Afrilun 2019 ta haramta haƙar ma'adinai a Zamfara baki ɗaya, bisa hujjar cewa tana ciyar da 'yan bindiga, kuma ba a ɗage ba sai a Disambar 2024, ta bakin minista Dele Alake. Ko hanin ya rage ta'addanci, mutanen Bagega da kewaye sun fi kowa sanin amsa. Ta ɓangaren lafiya kuwa ni ina ganin hani yana iya zama garin neman ƙiba a samo rama, domin wanda ke tsoron jami'an tsaro ba zai niƙa dutse a fili ba. Gida zai kai shi.

Abin da aka gwada ya yi aiki ba mai wuya ba ne. A niƙa dutse a jiƙe, ko a riƙa fesa masa ruwa, ƙura ta kwanta. Gwajin da MSF da ƙungiyar OK International suka yi da masu haƙa a arewacin Najeriya ya nuna fesa ruwa kawai yana rage dalmar da ke cikin iska ƙwarai da gaske. A ware wurin sarrafawa nesa da gari, nesa da rijiya da tafki. Injin da ya niƙa dutse kada ya sake ganin hatsi. Kada a buga tubalin gini da ƙasar da aka wanke. Zaiba ma haka: a fara tace garin da ruwa har ya rage kaɗan kafin a zuba ta, a ƙona ta a rufaffen tulun ƙarfe da ke mayar da tururinta ruwa, sai a sake amfani da ita maimakon a shaƙe ta. Wannan ya fi arha, kuma masana sun daɗe suna nuna cewa zuba zaiba a kan garin dutse gaba ɗaya yana asarar zinare mai yawa. Najeriya ta shiga yarjejeniyar Minamata ta rage amfani da zaiba, saura a ga alamarta a bakin rami.

MSF ta miƙa aikin dalma na Zamfara ga hukumomin jiha a 2022. A watan Maris na 2025 oza ta haura dala 3,000, wato abin da ya tura mutane rami a 2010 ya ninka fiye da sau biyu. Ina kira ga masarautun Anka da Bukkuyum da Gummi, da shugabannin masu haƙa, da ma'aikatar lafiya ta jiha, su tabbatar kowane gari mai rami yana da keɓaɓɓen wurin niƙa mai ruwa, kuma gwajin jinin yara bai tsaya ba. Kai kuma ɗan'uwa mai shiga rami, ka bar buhu da kayan aiki a can, ka yi wanka ka sauya tufafi kafin ka ɗauki ɗanka. Idan an taɓa niƙa dutse a gidanku, ka kai 'yan ƙasa da shekara biyar a auna musu jini ko da lafiyarsu ƙalau kake gani.