Mai Tsaron Tsofaffin Finafinai: Amanar da Ke Cikin Gwangwani

'Yan'uwa masu karatu, sau nawa muka zauna gaban talabijin muka ga sojojin da suka mutu tun kafin a haifi kakanninmu suna tafiya suna dariya? Sai mu yaba wa wanda ya shirya fim ɗin, mu manta da mutumin da ya ba shi hotunan, watau ma'ajin tsofaffin finafinai.

Aikin nan ba na rago ba ne. Har wajen shekarar 1951, zaren fim na silima da sinadarin naitiret ake yinsa, wanda in ya kama wuta ko cikin ruwa aka tsoma shi ba ya mutuwa. Irin da ya maye gurbinsa kuma, in ya sha zafi da laima, sai ya yi tsami ya lalace. Saboda haka ma'aji yakan ajiye gwangwanayen a ɗaki mai sanyi, ya duba su ɗaya bayan ɗaya, ya rubuta wanda ya ɗauka, da wurin, da ranar. Idan mai shirya sabon fim ya zo nema, shi ne zai zaƙulo masa abin da ya dace, ya ba shi kwafi, ya kuma daidaita maganar izini da kuɗi.

Ga misali daga gidan tarihin yaƙi na birnin Landan, Imperial War Museum. Da za a cika shekara 100 da ƙarewar Yaƙin Duniya na Ɗaya, ma'ajiyan gidan suka miƙa wa Peter Jackson hotunan yaƙin na kimanin awa 100. Ya kuma samu muryoyin tsofaffin sojoji na kimanin awa 600 daga gidan da kuma BBC. Da hannu ake juya na'urar ɗaukar hoto a wancan zamani, shi ya sa mutanen ciki suke tafiya kamar ana korarsu. Aka daidaita saurin ya koma hoto 24 a daƙiƙa, aka sa launi, aka ɗauko gwanayen karanta motsin leɓe suka gano abin da sojojin suke faɗa. Fim ɗin, They Shall Not Grow Old, ya fito a 2018.

Amma nauyin da ya fi girma a wuyan ma'aji shi ne gaskiya. Ran 1 ga Yuli 1916, a gwabzawar Somme ta ƙasar Faransa, sojojin Birtaniya fiye da 19,000 suka mutu a wuni guda. Geoffrey Malins da John McDowell sun ɗauki hotuna a can, miliyoyin mutane kuwa suka kalli fim ɗinsu a shekarar. Akwai wani wuri a ciki da ake ganin sojoji suna fita daga rami, waɗansu suna faɗuwa. An yi ta sa shi a shirye-shiryen tarihi kamar ainihin yaƙin ne, alhali kuwa bincike ya nuna shirya shi aka yi a bayan fagen daga. Sauran fim ɗin kuwa, akasarinsa na gaske ne. Wa zai rarrabe wa mai shirya fim tsaba da tsakuwa? Sai ma'aji.

In ya yi shiru domin a sayi hoton, ya sa matattu sun ba da shaidar zur, su kuwa ba su da bakin ƙaryatawa. Yau da kwamfuta take iya ƙirƙiro hoton abin da bai taɓa faruwa ba, 'yar takardar da ya liƙa a jikin gwangwani ta ƙara daraja.

Don haka, 'yan'uwa, in fim irin wannan ya ƙare, kada mu yi saurin tashi. Mu jira sunayen da ke wucewa a ƙarshe, gama a nan ne ake ambaton gidajen da suka riƙe amanar.