Tsibirin da Ji Ya Kori Gani

A shekarar 1903 wani likita Ba'amurke mai suna William Henry Furness ya sauka a Yap, wani ɗan tsibiri da ke yammacin tekun Pasifik. Yana can wani dattijo da suka shaƙu, mai suna Fatumak, ya ba shi labarin wani gida a wani ƙauye da ke kusa. Kaf tsibirin ba mai musun cewa gidan masu arziki ne, amma ba wanda ya taɓa sa arzikin a ido, har su 'yan gidan. Dukiyar tasu dutse ne ƙwaya ɗaya, yana kwance a ƙasan teku tun zamanin kakanninsu, kuma darajarsa ba ta ragu da ko ƙwandala ba.

Mu da muka tashi da karin maganar gani ya kori ji, dole wannan labari ya ɗaure mana kai. Ta yaya dutsen da ba a gani, ba a taɓawa, ba a kuma sa ran tsamo shi, zai zama dukiya? Sai mu bi sawun abin daki-daki.

Mu fara da kuɗin tsibirin kansu. Mutanen Yap suna kiransu rai. Duwatsu ne da aka sassaƙa kamar faifai, da huda a tsakiya inda ake zura gungumen itace a ɗauka. Wasu ba su wuce tafin hannu ba, wasu kuwa faɗinsu ya haura mita 3, nauyinsu ya kai tan 4. Irin wannan dutse babu shi a Yap. Sai an tafi tsibiran Palau, tafiyar kusan kilomita 400 a kan ruwa, a fasa shi da kayan aiki na gargajiya, a ɗaure shi kan gorar da aka harhaɗa, a jawo shi da kwalekwale. Mutane da dama sun tafi wannan tafiya ba su dawo ba. Ke nan kowane dutse yana isowa gida da tarihin wahalar da aka sha a kansa.

Abu na biyu, wa zai ɗauki tan 4 ya kai kasuwa? Babu. Manyan duwatsun na manyan al'amura ne: aure, gado, biyan diyya, sulhu tsakanin ƙauyuka. In dutse zai sauya mai shi, sai a sanar a gaban jama'a cewa daga yau na wane ya zama na wane. Dutsen yana nan inda yake jingine, a bakin hanya ko a gaban ɗakin taro, wani lokaci ma a ƙofar tsohon mai shi. Maganar ce ke tashi daga baki zuwa baki, dattawa su riƙe ta, su miƙa wa na baya.

Har yanzu mutum zai iya cewa ai girman dutsen ne darajarsa. Abin da ya faru da David O'Keefe ya rushe wannan zato. Shi matuƙin jirgin ruwa ne ɗan asalin Ayalan, ya iso Yap a farkon shekarun 1870. Ya ga mutanen ba su damu da kayan Turawa ba, dutse kawai suke so. Sai ya riƙa kai su Palau a babban jirginsa, da kayan aiki na ƙarfe, su kuma suna biyansa da busasshiyar kwakwa. Duwatsu suka yawaita, wasu ma sun fi na dā girma da santsi. Amma da aka zo ƙiyasta su, sai ƙaramin tsohon dutse da aka jawo da kwalekwale, wanda aka san sunan wanda ya jagoranci tafiyar da waɗanda suka rasa rayukansu, ya fi su daraja. Na O'Keefe sun zo cikin sauƙi, labarinsu gajere ne.

Akwai sauran shaida guda. Bayan Jamusawa sun sayi Yap da sauran tsibiran yankin daga Sifaniya a 1899, sun umarci mutane su gyara hanyoyi, aka yi biris da su. Furness ya rubuta cewa sai suka aika a shafa alamar baƙin fenti a kan manyan duwatsu, cewa gwamnati ta ci tararsu. Ba a matsar da dutse ko ɗaya ba, amma mutane suka ji an talauta su, suka fito aikin hanya. Da aka gama aka goge fentin, kowa ya koma mai arzikinsa.

Yanzu ƙullin ya kwance. Kakan gidan nan da Fatumak ya ba da labarinsa ya sassaƙa dutse mai girma da kyau a Palau. A hanyar dawowa guguwa ta taso, dole aka yanke igiyar gorar don a tsira da rai, dutsen ya nutse. Abokan tafiyarsa suka iso gida suka ba da shaida: sun ga girmansa, sun ga kyansa, kuma ba sakacin mai shi ne ya jawo asarar ba. Jama'a suka karɓi shaidar. Tunda dama ba ɗaukar dutse ake yi ba, zamansa a ƙasan teku da zamansa a bakin hanya duk ɗaya ne. Labarin shi ne jarin, dutsen alama ce kawai.

Masanin tattalin arziki Milton Friedman ya dawo da wannan labari a 1991, ya kwatanta shi da yadda a 1932 bankin Faransa ya sa aka ware masa zinarinsa a cikin ma'ajiyar banki a New York, aka manna masa suna, ba tare da ya tsallaka teku ba.

Yau dalar Amurka ake kashewa a kasuwannin Yap, amma duwatsun suna nan a jingine, ana aure da sulhu da su. Sun daɗe haka ne saboda an samu mutanen da in suka ba da shaida ana yarda da ita. Duk al'ummar da maganar dattawanta ta daina zama abin riƙo, ta yi asarar da ta fi ta dutse a teku.