Fitilar Almuru Da Muka Gani A Fim

Tun da hotunan bikin Diwali na garin Ayodhya suka bazu a wayoyi a ƙarshen Oktoban 2024, inda aka kunna fitilun aci-balbal sama da miliyan 2.5 a bakin kogi, nake jin ana cewa Indiyawa wuta suke bauta wa. Abin mamaki, masu faɗar haka a nan Jos su ne suka cinye ƙuruciyarsu a silimar Kwararafa suna kallon jarumai na zagaya faranti mai fitila a gaban gunki.

Sunan wannan zagayen arti. Ana miƙa hasken ne ga abin bautar, ba wutar ake nufa ba. Akwai kuma sandhya, ibadar asuba da tsakar rana da almuru. A ta almuru mai ibada yakan kurɓi ruwa, ya roƙi a kankare masa laifin da ya yi a yinin da zuciya ko baki ko hannu ko ciki. Fim ba ya nuna wannan, don ba ya rawuwa. Bayani nake yi, ba tallar aƙida ba, kafin wani ya ɗauko mini sanda.

Inda na fi son mu tsaya shi ne Gandhi, jagoran neman 'yancin Indiya. Kullum da yamma yakan yi taron addu'a a fili, a karanta littattafan Hindu, a karanta ayoyin Alƙur'ani, sannan ya yi magana kan abin da ya faru a ranar, har da nasa kuskuren. A 1947, lokacin da ake raba Indiya da Pakistan ana zubar da jini, wasu 'yan addininsa sun tashi a taron a Delhi sun ce a daina karanta Alƙur'ani. Ya gwammace ya dakatar da addu'ar dungurungum da ya cire shi.

Mu da muka ga rikicin Jos na 2001 da 2008 da 2010, muka raba unguwanni, wane malami ko fasto ne ya taɓa ba matasanmu wannan labarin? Cibiyar koyar da fim ta ƙasa ma a garin nan take, me take jira?

Ranar 30 ga Janairun 1948, Gandhi na kan hanyar zuwa wannan addu'ar ta yamma a gidan Birla, Nathuram Godse, ɗan Hindu kamarsa, ya harbe shi, yana zarginsa da fifita Musulmi.