Haɗeja: Me ke hana ruwa bin hanyarsa?

Manoma a kwarin kogin Haɗeja da ke jihar Jigawa sun shafe shekaru suna fama da matsala mai fuska biyu. Yayin da ruwa ke kwanciya a wasu gonaki har su gagara nomawa, wasu gonakin da ke can ƙasa da su ƙishirwa ce ke kashe su.

Abin da ke ɗaure wa jama'a kai shi ne, an tsara ayyukan ruwan yankin ne domin su riƙa tafiyar da kansu. Ruwa zai taso daga manyan madatsu a jihar Kano, ya gangaro ta kogi, a tare shi kusa da Auyo, sannan ya bi kanal ya shiga gona da kansa, ba tare da an tura shi da inji ba.

To amma Hausawa kan ce ruwa ba ya tsami banza. Duk mai son gano inda gizo ke saƙa, sai ya bi sawun ruwan tun daga mafarinsa.

Mafarin ruwan

Kogin Haɗeja ya samo asali ne daga haɗuwar kogin Kano da na Challawa. Daga nan yake ratsa Wudil da Ringim har ya isa Haɗeja, inda ƙasa ke shimfiɗewa, gangara ta yi ƙaranci, ruwan kuma ya rarrabu tsakanin jigayi da fadamu.

Kafin a gina madatsu, kogin na da lokutansa biyu. Yakan cika ya tumbatsa a watannin Agusta da Satumba, ya malale fadamu, sannan ya janye. Da rani kuwa yawancin hanyoyinsa bushewa suke yi ƙayau.

A kan wannan tsari ne rayuwar yankin ta ginu. Manomi ya shuka shinkafa a cikin ruwan ambaliya, masunci ya kama kifin da ya hayayyafa a fadama, idan ruwa ya janye a shuka wake da sauran amfani a kan danshi, daga bisani makiyayi ya shigo da shanunsa. A shekarun 1960 ambaliyar kan rufe fili fiye da murabba'in kilomita 2,000 a dausayin Haɗeja da Nguru.

A shekarar 1974 aka kammala madatsar Tiga a kan kogin Kano, wadda gwamnatin Audu Bako ta gina, da nufin riƙe ruwa kusan kubik mita biliyan 2. A 1976 aka kafa Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are, sannan a 1992 aka kammala madatsar Challawa a yankin Ƙaraye. Masana sun ƙiyasta cewa madatsun biyu ne ke iko da kimanin kashi 80 cikin 100 na ruwan da ke shiga kogin Haɗeja.

A shekarun 1980, da farin da aka yi ya haɗu da riƙe ruwa a Tiga, filin da ambaliya ke rufewa ya ragu zuwa ƙasa da rabin abin da aka saba gani.

Sauyin lokaci

Raguwar ambaliya ita ce illar da kowa ya fara lura da ita. Amma akwai wata da ta zo a ɓoye, wato sauyin lokacin zuwan ruwan.

Madatsun na tara ruwan damina ne domin su sake shi da rani, saboda birnin Kano na buƙatar ruwan sha, haka kuma gonakin Kadawa da na kwarin Haɗeja na buƙatar na ban ruwa. Sakamakon haka kogin da a da yake bushewa na tsawon watanni ya koma mai gudana shekara zagaye.

Ruwan da ke tafiya a hankali ba ya da ƙarfin share hanyarsa. A da, ƙarfin ambaliya kan kwashe yashi da laka ya yi gaba da su. Yanzu kuwa suna kwanciya ne a ƙasan kogi, zurfinsa na raguwa, ruwa kuma na tsayawa a gefe-gefe. Irin wannan wuri ne ciyawar kacala ke nema.

Yadda kacala ke toshe hanya

Kacala ciyawa ce ta ruwa da kan zarce tsawon mutum. Tana yaɗuwa ta hanya biyu: ta saiwoyin da ke rarrafe a ƙarƙashin laka, da kuma ta 'ya'yanta masu kama da auduga, waɗanda iska ke ɗauka dubun-dubata daga kai guda.

Ba baƙuwa ba ce a yankin, sai dai bushewar rani ce ke taka mata birki a da. Da aka daina samun bushewar, sai ta samu wurin zama.

Daga nan al'amarin ke ciyar da kansa. Kacala na rage gudun ruwa, raguwar gudun na ƙara zubar da laka, lakar kuma na ba kacala sabon fili. Idan hanya ta toshe, ruwa ba zai koma Tiga ba, sai ya fasa gefe ya shiga gonaki da ƙauyuka.

Wannan ne ya faru a ƙasan garin Haɗeja, inda kogin ke rabuwa zuwa tsohon kogin Haɗeja, da Burum Gana, da kuma hanyar Marma wadda ke zuba a tafkin Nguru. Da wasu hanyoyin suka toshe, sai akasarin ruwan ya karkata zuwa Marma. Al'ummomin ƙananan hukumomin Guri da Kirikasamma suka ga gonakinsu da makiyayarsu sun zama tafki, yayin da na bakin hanyoyin da suka toshe suka rasa ruwan noma da na su.

Illar ta wuce iyakar Jigawa. Zuwa farkon shekarun 2000, ruwan Haɗeja da ke isa kogin Yobe a Gashuwa ya zama ɗan kaɗan ƙwarai, har ta kai kogin Jama'are, wanda babu babbar madatsa a kansa, shi ne ke ɗauke da kusan dukkan nauyin.

Ban da toshe hanya, dajin kacala ya zama makwancin tsuntsayen jan-baki, masu iya cinye gonar shinkafa ko gero cikin kwanaki, abin da kan sa hukumomi yin feshi ta jirgin sama. Ruwan da ke kwance kuma na renon sauro da dodon koɗin da ke ɗauke da cutar fitsarin jini.

A cikin gonakin Auyo

Aikin noman rani na kwarin Haɗeja, wanda aka fara ginawa tun farkon shekarun 1980, ya dogara ne da wata madatsa da ke kusa da Auyo, wadda ke ɗaga ruwa ya shiga babban kanal, daga nan ya rarrabu zuwa ƙanana.

Irin wannan tsari ba ya cin mai, amma ba ya yafe sakaci. Idan laka ta taru a kanal, ko ƙofar ruwa ta yi tsatsa ta ƙi motsi, ko wani ya fasa gefe ya ja ruwa zuwa gonarsa, manomin da ke ƙarshen layi ne zai fara ji a jikinsa. Idan kuma magudanan fitar da ragowar ruwa suka toshe, sai ƙasa ta jiƙe fiye da kima, kanwa ta taso, amfani ya lalace.

Shi ya sa injiniyoyin ban ruwa kan fara bincike daga sama su gangaro: nawa aka sako daga madatsa, nawa ya iso bakin kanal, nawa ya kai gona ta ƙarshe. Inda lissafin ya karye, nan cutar take.

A 2014 Bankin Duniya ya amince da bai wa Najeriya rancen dala miliyan 495 domin shirin gyaran noman rani da aka fi sani da TRIMING, wanda ya haɗa da Kano da Haɗeja. A watan Janairun 2023 shugaban ƙasa na lokacin, Muhammadu Buhari, ya buɗe aikin na Auyo mai faɗin kusan hekta 6,000. Shirin ya kuma ba ƙungiyoyin manoma masu amfani da ruwa alhakin karɓar kuɗin ruwa da kula da ƙananan hanyoyinsa.

Ambaliya da taƙaddama

Duk lokacin da aka yi babbar ambaliya, kamar ta 2001 da 2010 da 2022, yatsa na farko madatsun Kano yake nunawa. A watan Satumban 2010 jami'an gwamnatin Jigawa sun zargi hukumar kogunan da buɗe ƙofofin Tiga da Challawa, hukumar kuwa ta musanta, tana mai cewa yawan ruwan sama ne ya sa madatsun suka cika suka yi ambaliya.

Ko ma wanne ne gaskiya, akwai abin da ba a jayayya a kansa: kogin da ya cika da yashi da ciyawa ba zai iya ɗaukar ruwan da yake ɗauka a da ba. Ke nan ruwan da a wancan zamani zai wuce salin-alin, yanzu yana iya cinye gari.

Hanyoyin gyara

Hanya mafi daɗewa ita ce gayya. Mutanen ƙauyuka kan fito da lauje da kwale-kwale su sare ciyawar su buɗe wa ruwa hanya. An lura cewa yanke ta a ƙarƙashin ruwa ya fi tasiri, domin yana hana saiwar samun iska har ta ruɓe. Ƙona ta kuwa ganye kawai yake ci, saiwar na nan da ranta.

Bayan ambaliyar 2022 gwamnatin Jigawa ta ƙara ƙaimi wajen amfani da manyan injunan haƙa masu aiki a kan ruwa domin yashe kogin. Sai dai inji na buɗe hanya ne kawai, matuƙar ruwa na kwance shekara zagaye ciyawar za ta dawo.

Wasu kuma na ganin a mayar da ita dukiya. A kwarin kogin Senegal, inda kacala ta mamaye bayan kammala madatsar Diama a 1986, ana sarrafa ta zuwa gawayin girki. A Najeriya ma masu bincike, ciki har da na Jami'ar Tarayya ta Gashuwa, sun gwada yin iskar gas ta girki da abincin dabbobi da ita.

Shawarar da masana suka fi nanatawa tun shekarun 1990 ita ce a riƙa sakin ruwan madatsun ta yadda zai kwaikwayi tsohon halin kogin, wato a saki mai yawa a lokacin ambaliya, a kuma rage shi da rani har wasu hanyoyi su bushe.

Nan ne batun ya fi wuya, domin ruwan ranin da ke raya kacala shi ne wanda Kano ke sha, shi ne kuma wanda manomin alkama da tumatir ke jira. Domin sasanta irin waɗannan buƙatu ne jihohin Bauchi da Borno da Jigawa da Kano da Filato da Yobe suka hallara a Damaturu a 2006, suka amince da kafa asusun haɗin gwiwa na kula da kogunan.

A halin yanzu dai duniya ta san darajar wannan dausayi. Tun a shekarar 2000 aka sanya tafkin Nguru da hanyar Marma cikin jerin yarjejeniyar Ramsar, a 2008 aka ƙara da Baturiya, sannan a 2020 hukumar UNESCO ta ayyana yankin Haɗeja da Nguru da Bade a matsayin wurin da ya cancanci kariya ta musamman.

Ga mutum fiye da miliyan 1 da ke ci daga wannan dausayi kuwa, tambayar kowace shekara ba ta sauya ba: yaushe za a sako ruwan, kuma wace hanya zai samu a buɗe idan ya iso.