Ombatse: Ƙungiyar Da Ta Ce Lokaci Ya Yi

Duk wanda ya taɓa sauke doya a kasuwar Mile 12 ta Ikko ya san sunan Agyaragu da Obi. Ƙasa ce ta noma a kudu da Lafiya, doya da riɗi da shinkafa da agushi, inda Alago da Migili da Eggon da Tibi da Hausawa da Fulani suke cin kasuwa ɗaya. Amma daga 2012 zuwa 2014 ba labarin doya ake kawowa daga can ba, labarin Ombatse ne.

Da harshen Eggon, ma'anar Ombatse ita ce lokaci ya yi. Abin tambaya shi ne, lokacin me? Shugabannin ƙungiyar sun ce lokacin komawa ga al'adar kakanni ne, watau bautar da suke kira Azhili, don a wanke al'umma daga shan giya da zina da sata da maita. A ganinsu zamani ne ya lalace, maganinsa kuwa shi ne a juyo da shi baya. Waɗansu kuma sun ji wata ma'ana dabam. Tun da aka yanke Jihar Nasarawa daga Filato ran 1 ga Oktoba, 1996, ba a zaɓi ɗan Eggon ya zama gwamna ba, duk da yawansu. Abdullahi Adamu ya yi, Aliyu Akwe Doma ya yi, sa'an nan Umaru Tanko Al-Makura ya hau a 2011. Saboda haka samari da yawa suka ɗauka lokacin mulki ake nufi, kuma idan ya ƙi zuwa da kansa, a jawo shi.

Yadda ake jawo shin shi ne abin da ya ta da hankalin jama'a. Akan taru a wurin tsafi a ƙauyen Alakyo, mil kaɗan daga Lafiya, gaban wani tsoho da ake kira Baba Alakyo. A yi rantsuwa, a sha wani jiƙo wanda masu shansa suka gaskata harsashi ba ya cin wanda ya sha. 'Yan sanda sun yi zargin har masallatai da majami'u ake shiga a tilasta wa mutane sha. Nan fa gizo yake saƙa, domin Eggon ɗin nan akwai Musulmi akwai Kirista, kuma ba kowannensu ya yarda da ƙungiyar ba. Wanda ya ɗora laifin a kan ƙabila duka bai yi adalci ba.

A watan Nuwamba na 2012 aka kai wa Agyaragu hari, aka ƙone gidaje har da fadar sarkin Migili, aka ɗora alhakin a kan Ombatse. Gwamnatin jiha ta haramta ƙungiyar, amma haramcin a takarda ya tsaya.

Ran 7 ga Mayu, 2013, ayarin motocin 'yan sanda da 'yan sandan ciki suka tasam ma Alakyo don kamo tsohon. Ashe labari ya riga su isa. Aka yi musu kwanton ɓauna, aka kashe jami'ai fiye da 70, aka ƙone motocinsu. Mabiya suka ce asiri ne ya ci. Mai hankali kuwa zai fara tambayar wanda ya tsegunta tafiyar tun daga Lafiya. Matan mamatan suka tare babbar hanya a Akwanga suna kuka. Bayan 'yan makonni shugaban 'yan sandan ciki, Ita Ekpenyong, ya ce su sun yafe wa makasan, maganar da ta yi wa iyalai da yawa ciwo.

Ita kanta Obi a watan Satumba wutar ta iso ta. Faɗa ya ɓarke tsakanin 'yan Ombatse da Alago, aka ƙone gidaje da shaguna a Obi da Assakio, mata da yara suka kwarara Lafiya da ƙunshin kaya a ka, sai da aka kawo soja. Daidai lokacin sabuwar doya ne, ga amfani a gona babu mai tonowa.

Gwamna Al-Makura ya naɗa hukumar bincike ƙarƙashin Mai Shari'a Fola Gbadeyan, ta saurari shaidu ta miƙa rahotonta. A watan Nuwamba na 2014 aka ba da labarin an kashe Baba Alakyo a wani hari da aka kai ƙauyensa. Zaɓen 2015 da ake ta jira ya zo, Al-Makura ya koma kujerarsa, a 2019 kuma ya miƙa ta ga Abdullahi Sule.