Me Ya Kawo Hilda Cowley Ƙasar Kuza?

A shekarar 1926 aka fito da wani fim a Ingila mai suna Palaver, wanda masu bin tarihin fim da dama suke lissafawa a matsayin dogon fim na farko da aka ɗauka a Najeriya. Ba shi da sauti, ba shi da launi. 'Yan wasa suna motsa baki, sai a katse hoto a nuno rubutun abin da suka ce, makaɗa kuma suna zaune a gaban allo suna raka labarin da kiɗa. An ɗauke shi a Filato, cikin Sura da Angas, waɗanda suke kiran kansu Mwaghavul da Ngas, a kudu maso gabashin Jos.

Manyan sunayen da ke cikinsa biyar ne. Haddon Mason ya fito a Kyaftin Peter Allison, Di'on yankin. Reginald Fox ya fito a Mark Fernandez, Baturen kuza. Mutanen ƙasa biyu, Yiberr da Yilkuba, sun fito a sarkin Sura mai suna Dawiya da bokansa. Mace ɗaya ce tak a cikinsu: Hilda Cowley, wadda ta fito a Jean Stuart, ma'aikaciyar jinya.

Tambayar da ta dame ni ke nan. A wancan zamani, kamfanin da ke son hoton Afirka yakan ɗauki 'yan wasansa a ɗakin ɗauka a Turai, ya haɗa da hotunan daji. Hakan ya fi arha, ya fi aminci. To me ya sa aka ɗauko 'yar wasa daga Ingila, aka ratsa teku da ita, aka hau da ita duwatsu inda ko titin kirki babu? Mene ne aikinta a labarin da ya cancanci wannan wahala?

Mu fara da hanya, domin wanda ya san ta inda baƙo ya shigo ya kama hanyar sanin abin da ya kawo shi. Duk wanda ya tashi a Kafanchan zai ce ai ta garinmu ake hawa Jos, tunda nan ne mahaɗar jiragen ƙasa: layi ɗaya ya taso daga Fatakwal ta Inugu da Makurɗi ya nufi Kaduna, ɗaya ya balle ya hau tudu. Amma lissafin shekaru bai yarda ba. Reshen da ya tashi daga Kafanchan zuwa Jos, mai tsawon kimanin kilomita 100, a 1927 aka buɗe shi, bayan fim ɗin ya riga ya fito. Lokacin da ake ɗaukar Palaver, leburori ne ke fasa dutse a wannan hanya. Jirgin da ke kai mutum Filato a lokacin shi ne ɗan siririn layin nan da ya tashi daga Zariya, ya bi ta Dutsen Wai da kuma Rahama ta ƙasar Lere, ya isa Jos da Bukuru tsakanin 1912 da 1914, wanda aka rufe a 1957.

Wannan bincike ya fitar da Kafanchan daga hanyar, amma ya ba mu abin da ya fi hanya muhimmanci. Duka layukan biyu, tsohon da sabon, abu ɗaya ya sa aka hau da su tudu: kuza. Na Zariya ya kasa ɗaukar nauyin da ake haƙowa, shi ya sa aka nemi babban layi da zai sauko da kuza ta Kafanchan zuwa tashar jiragen ruwa ta Fatakwal, ya kuma hau da kwal daga Inugu. Ashe wurin da aka zaɓa wa fim ɗin ba wani lungu ba ne da duniya ta manta da shi. Wuri ne da jarin Landan ya riga ya kafa ƙafa tun bayan da Kamfanin Neja ya bi sawun kuza zuwa Filato a farkon shekarun 1900, har ya ture maƙeran Ririwai da suka daɗe suna narka ta suna sayarwa.

Mataki na biyu shi ne kamfanin da ya yi fim ɗin. Sunansa British Instructional Films, wanda Harry Bruce Woolfe ya kafa a 1919. Ba kamfanin soyayya ba ne. An san shi da finafinan ilimi na tsirrai da dabbobi, da kuma sake tsara yaƙe-yaƙen Yaƙin Duniya na Ɗaya don ɗaga darajar sojan Birtaniya, irin su Zeebrugge na 1924 da Ypres na 1925. Daraktan Palaver, Geoffrey Barkas, shi kansa tsohon soja ne da ya yi yaƙi a Gallipoli da Somme. Daga baya, a Yaƙin Duniya na Biyu, shi ya jagoranci aikin ɓad da kama na sojojin Birtaniya a Gabas ta Tsakiya, inda aka jera tankokin bogi a hamada don ruɗin Jamusawa kafin gwabzawar El Alamein a 1942. Mutum ne da ya ƙware wajen sa ido ya kalli inda ake so ya kalla.

Shekarar ma tana da magana. A 1926 finafinan Amurka sun cinye gidajen kallo na Ingila, har na gida ba su wuce kusan kashi 5 cikin 100 na abin da ake nunawa ba. Taron shugabannin daular Birtaniya na wannan shekara ya tattauna matsalar, a 1927 kuma majalisa ta yi dokar da ta tilasta wa gidajen kallo nuna wani kaso na finafinan gida. Shekaru biyu kafin fitowar Palaver an yi babban bajekolin daula a Wembley ta Landan, inda aka gina wa Afirka ta Yamma gari mai ganuwa irin na Arewa don 'yan kallo. Gwamnati da 'yan kasuwa suna son Baturen da ke gida ya ga daularsa da idonsa, ya so ta, ya yi alfahari da ita. Sai dai fim ɗin wa'azi ba ya cika ɗaki. Dole a sa abin da zai zaunar da mai kallo har ƙarshe. Nan muka fara hango amfanin mace a labarin.

Wannan dabara ba Barkas ya fara ta ba. A 1913 wani Bajamushe, Hans Schomburgk, ya tafi Togo da wata matashiyar 'yar wasa mai suna Meg Gehrts, suka yi arewa har Sansanne Mango, zangon da fataken Hausa suka sani a hanyarsu ta Gwanja. Can ma Baturiya ce a tsakiyar labari, mutanen ƙasa suna kewaye da ita. Kasancewar 'yar wasan a wurin da ƙafarta shi ne abin tallan: ga shaida cewa ba ɗaki aka yi wa ado ba, kuma ga shaida cewa ƙasar ta kwanta har mace za ta iya shiga.

Amma da a ce ado kawai ake nema, da ba a ba Hilda Cowley rigar jinya ba. Sai mu shiga mataki na uku, mu bi zaren labarin. Motar Jean Stuart ta lalace a hanya, ta kwana a gidan Di'o Allison. Fernandez, wanda kamfaninsa ya yi masa barazanar kora idan aiki bai ƙaru ba, ya je yana ba Sarki Dawiya barasa don ya turo masa ƙarin leburori. Mai kallo na wancan lokaci ya san wannan laifi ne, domin tun yarjejeniyar Brussels ta 1890 Arewacin Najeriya na cikin yankin da aka haramta sayar wa 'yan ƙasa barasar Turai. Allison ya gano. Fernandez ya bugu, ya doki lebura, ya faɗi ciwo, Jean ta yi jinyarsa tana roƙonsa ya gyara halinsa. Sai takarda ta zo wa Allison cewa an taɓa korar wannan mutum daga ƙasa, ya canza suna ya dawo. Da asirinsa ya tonu, sai ya zuga Dawiya ya ɗaura yaƙi. Allison ya kwantar da tarzomar, fim ya ƙare da shi yana neman auren Jean.

Yanzu a dubi yadda aka raba kaya. Duk abin ƙi da ke tattare da haƙar kuza, wato matsa wa sarki ya kawo mutane, dukan ma'aikaci, kwaɗayin riba, an ɗora shi a kan mutum ɗaya, mashayi, mai sunan da ba na Ingila ba, wanda ma ya shigo ta ɓarauniyar hanya. Duk abin yabo kuma an ba wa Di'o. Su biyun suna neman mace ɗaya, mai tausayi, wadda ta yi jinyar mugun da hannunta, don kada a ce ta yanke hukunci da son zuciya. Wanda ta zaɓa, shi mai kallo zai zaɓa. Ga amsar tambayar: an kawo Hilda Cowley Filato ne don ta zama alƙali. Aurenta da Di'o shi ne hukuncin da ya wanke gwamnatin mulkin mallaka daga laifin kuza.

Saura a auna wannan hukunci da abin da ya faru a ƙasa. Ba barasa ce ta cika filayen kuza da leburori ba, haraji ne. Gwamnati ta ce a biya da kuɗin Turawa, manomin da ba shi da inda zai samo su sai ya je ya yi makonni yana haƙa. Wanda ke kula da tara wannan haraji shi ne Di'o. Dokar ma'adinai ta gwamnati ce ta ba kamfanoni izinin shiga gonakin mutane. Sojojin gwamnati ne suka riƙa kai hari garuruwan duwatsu, daga Kagoro har ƙasar Angas, a shekarun farko na mulkin, don su miƙa wuya. A Yaƙin Duniya na Biyu kuwa, bayan Japan ta kama Malaya, gwamnatin ce da kanta ta kafa aikin dole a filayen kuza daga 1942 zuwa 1944, aka kwaso dubban mutane daga lardunan Arewa, da yawa suka mutu da sanyi da cuta. Di'o da Baturen kuza ba kishiyoyi ba ne kamar yadda fim ya nuna. Ɗan juma ne da ɗan jummai.

Wannan ya shafi mutanen Kafanchan kai tsaye. A shekarar da fim ɗin ya fito aka ƙirƙiri Lardin Filato, aka haɗa Jama'a da Jos da Pankshin ƙarƙashin Razdan ɗaya. Samarin Fantswam da Kagoro da Bajju da sauransu sun san kwanon ƙasa a ka, a aikin dogo da a ramin kuza. Matan Filato ma sun ɗauki kwano sun wanke kuza. Babu sunan ko ɗaya daga cikinsu a jerin manyan 'yan wasa. Hatta aikin jinyar da aka ba Jean yana da tushe na gaske, domin 'yan mishan sun buɗe asibitin Vom tun 1922, sun kuma zauna a Kwoi tun 1910, amma a fim ɗin majinyacin da labari ya tsaya a kansa Bature ne.

Akwai wata ƙarya da ta fi wannan ciwo. An tallata Palaver da cewa mutanen da ke cikinsa ba su cika shekara goma da barin cin naman mutane ba, wato mutane ne marasa tarihi da Bature ya tsamo daga duhu. Shekara biyu kacal bayan haka, a 1928, masu haƙar kuza a kusa da ƙauyen Nok, a ƙasar Ham da ke kudancin Kaduna, suka tono wani ɗan kai na gasasshen yumɓu. A shekarun 1940 aka kawo wa wani Bature masanin kayan tarihi mai suna Bernard Fagg wani kan daga wajen Jama'a, wanda aka daɗe ana tsorata tsuntsaye da shi a gonar doya, ya gane cewa hannu iri ɗaya ne ya ƙera su. Bincike ya tabbatar cewa wannan fasaha ta haura shekara 2,000, kuma mutanen sun san narka ƙarfe tun kafin haihuwar Annabi Isa. Ramin da aka tura jikoki su haƙa, shi ya fito da shaidar kakanninsu.

Zamanin finafinai marasa sauti bai daɗe ba bayan Palaver. A 1927 Amurka ta fito da The Jazz Singer, cikin 'yan shekaru magana ta mamaye allo, sana'ar 'yan wasa da yawa ta tsaya a nan. Sunan Hilda Cowley ya wanzu a tarihinmu ne saboda wannan fim. Ba na ganin laifinta. Aiki aka ba ta, ta yi doguwar tafiya ta yi shi, a lokacin da wasu maza ke tsoron zazzaɓin Afirka. Darakta da kamfani ne suka rubuta wanda za ta zaɓa, kamar yadda suka rubuta wa Yiberr ya bugu, suka rubuta wa Yilkuba ya yi duba.

Fim ɗin yana nan a ajiye a taskar finafinai ta Birtaniya. Jos kuwa ita ce mazaunin Hukumar Finafinai ta Najeriya da makarantar koyon fim da taskar finafinai ta ƙasa. Mun ga abin da zai yiwu idan aka himmatu: Shaihu Umar, fim ɗin Adamu Halilu na 1976, an tsamo shi bayan an ɗauka ya ɓace, aka gyara shi, aka nuna shi a Berlin a 2018. Palaver ma ya kamata a kai shi Mangu da Pankshin da Kafanchan a nuna wa dattawa, a tsayar da hoto a kan kowace fuska, kowane dutse, kowace rawa, a tambaye su. Fuskokin da ke bayan Hilda Cowley kakannin wasu ne da ke raye a yau, kuma jikokinsu ne kaɗai za su iya faɗa mana sunayensu. Dattawan da suka ji labarin daga bakin iyayensu suna ƙarewa, don haka aikin na bana ne, ba na baɗi ba.